Ciwon gawut: muna kashe zafin muna barin cutar

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya, ku da abokan aikinku, ina roƙon ku ba ni fili in yi magana a kan wani ciwo da ke cin magidanta da dattawa a ɓoye, wanda ban cika ganin an taɓo shi a shafin kiwon lafiya ba. Hawan jini ana maganarsa, ciwon suga ana maganarsa, amma gawut, ciwon nan da ya fi kama gaɓar gindin babban yatsan ƙafa, sai a majalisa ake jin labarinsa. Can ma da sunan sanyi ko amosani ake kawo shi, ko kuma a rage murya a ce ai wane wani abu ya taka. Ni tsohon malamin kimiyya ne a sakandare, na yi ritaya, ba likita ba ne. Sai dai ciwon yana jikina, gadonsa na yi, saboda haka abin da zan faɗa wani daga bakin likitoci ne da ɗan karatu, wani kuwa daga ƙafata.

Mai ciwon ba ya bukatar a kwatanta masa. Mutum ya yi sallar isha'i, ya ci tuwonsa, ya kwanta lafiya lau, can cikin sulusin dare zafi ya tashe shi. Ya haska fitila ya ga gindin yatsan ya kumbura, fatar ta miƙe tana sheƙi, in ka kai hannu kusa ka ji ɗumi yana tashi. Littattafan likitanci suna cewa wurin yana yin ja, to wannan a farar fata ne. A fatarmu sau da yawa duhu yake ƙarawa, shi ya sa wani ma'aikacin lafiyar in ja yake nema sai ya wuce. Mayafi ba ya taɓuwa da wurin, iskar fanka ma sai an kawar da ita. Cikin awa 12 zuwa 24 zafin ya kai iyakarsa.

Inda abin ya fi taɓa ni shi ne salla. A alwala, tsettsefe yatsun ƙafa ya gagara, sai dai a kwarara ruwa a hankali ana cije leɓe. A sujada kuwa wannan gaɓar ce ake tanƙwarawa a kafa a ƙasa, haka a zaman tahiya idan ƙafar dama ce. Mutumin da ko mura ba ta hana shi jam'i, sai ga shi a kan kujera cikin ɗaki yana nuni. Kafin a yi haka an fara tambayar iyalinsa, "Lafiya ba mu ga Malam a sahu ba?" Takalmi sau-ciki kuwa sai dai kallo, silifas ɗin ma sai an ja ƙafa.

Babban tarkon ciwon nan shi ne yana lafawa da kansa. Ko ba a sha komai ba, cikin mako ɗaya zuwa biyu kumburin ya saɓe, fatar wurin ta yi saɓa, mutum ya koma harkarsa, wataƙila sai bayan watanni ko shekara ya sake dawowa. To duk wanda hannunsa ya taɓa ƙafar a ƙarshe shi ke kwashe yabo. In wanzami ne ya yi ƙaho, an ce ya zuƙe mataccen jini. In maɗori ne, an ce ya gyara targaɗe. In mai maganin mota da lasifika ne, shi ke nan ya sami mai yi masa shaida a kasuwa. Ba raina sana'ar kowa nake yi ba, wanzami ne ya yi mini kaciya kuma ya cire wa 'ya'yana beli. Amma na ga abin da aka yi wa wani maƙwabcina tela, mai keken ɗinki na ƙafa. Ana saura kwanaki salla yatsan ya tashi, ga kayan mutane jibge. Aka kai shi wurin maɗori, mutum biyu suka danne shi, aka kama yatsan aka ja aka murɗa. Har bakin titi aka ji ihunsa, dattijo mai jikoki. Babu ƙashin da ya goce a wurin balle a mayar da shi. Tsaga kuwa a kan kumburarren yatsa, in mutum yana da suga bai sani ba, hanyar gyambon da ba ya warkewa ce.

Abin da ke faruwa a cikin gaɓar ba ɓoyayye ba ne, an san shi tun tuni. A 1848 wani likita a Landan, Alfred Garrod, ya nuna cewa jinin masu wannan ciwo cike yake da wani sinadari da ake kira yurik asid. Kowa yana da shi. Jiki ne ke samar da mafi yawansa kullum idan yana rushe tsofaffin ƙwayoyin halittarsa, saura kuma daga abinci yake zuwa. Ƙoda ce ke fitar da kusan kashi biyu bisa uku ta fitsari, hanji ya fitar da ragowar. A wajen mutum tara cikin goma masu gawut, matsalar ita ce ƙodarsu ba ta fitar da shi yadda ya kamata, kuma galibi halittar gidansu ce haka.

Lokacin da nake koyarwa akwai gwajin da nake yi wa 'yan aji huɗu da alif, wannan da mata ke sa wa ruwan rijiya ya kwanta. A narka shi da yawa a ruwan zafi, ruwan ya yi garau, a ajiye ya huce, da safe a tarar da ƙanƙararsa ta fito a gindin kwalba. Haka yurik asid yake yi. Idan ya wuce kusan miligiram 6.8 a kowace desilita ta jini (kashi ɗaya bisa goma na lita), ruwan jiki ba ya iya riƙe shi a narke, sai ya fara daskarewa, siririya mai tsini, a wuraren da suka fi sanyi. Babban yatsan ƙafa kuwa shi ne can ƙurya nesa da zuciya, ya fi sauran jiki sanyi, kuma shi ke ɗaukar nauyin mutum a kowane taku. Da dare jiki yana ƙara hucewa, ruwan da ya taru a gaɓar da rana yana janyewa, abin da ya rage ya yi kauri. Ranar da fararen ƙwayoyin jini suka farga da waɗannan tsinannun suka far musu, ranar ce mutum ba ya barci. Kusan rabin masu ciwon ta wannan yatsa ya fara musu, amma yana kama idon sawu, tsakiyar ƙafa, gwiwa, wuyan hannu da yatsun hannu.

A Turai an daɗe ana yi masa kirari da ciwon sarakuna, don su ne masu nama da giya a da. Wannan magana ta shigo mana, har in ka faɗi ciwonka a majalisa sai a kwashe da dariya a ce, "Alhaji, daɗi ne ya yi yawa." Mahaifina, Allah ya jiƙansa, manomi ne, nama sai ranar kasuwa ko suna. Ya rayu yana cewa sanyi ne ke damunsa. A ƙarshen rayuwarsa akwai ƙulalai masu tauri a gefen kunnensa da gwiwar hannunsa da kan yatsunsa, har riƙe fartanya ya gagare shi. Wata rana ɗaya ya fashe, muna jiran mugunya, sai ga wani farin abu mai gari-gari yana fitowa, ba wari. Sai da na girma likita ya nuna mini hoton irinsa na gane yurik asid ne na shekara da shekaru ya taru. Haka ciwon ke ƙarewa in an bar shi: tashin ya riƙa matsowa kusa da kusa, ya bazu zuwa wasu gaɓoɓin, ya ci ƙashin, wani kuma ya haɗa da tsakuwar ƙoda.

Maza ya fi kamawa, daga shekara talatin da wani abu zuwa sama. Mata suna da kariya muddin suna al'ada, bayan ta ɗauke sai su ma su shigo layi, kuma nasu ya kan fito a yatsun hannu a yi ta cewa tsufa ne. Teɓa, hawan jini, suga da raunin ƙoda duk abokan tafiyarsa ne. Akwai kuma wanda mutane ba su sani ba, wato wasu magungunan da muke sha don wata cutar. Magungunan hawan jini masu sa fitsari, irin su hydrochlorothiazide da ke cikin Moduretic, da furosemide da aka fi sani da Lasix, suna hana ƙoda fitar da yurik asid. Haka ƙaramin asfirin da ake ba masu ciwon zuciya, da pyrazinamide da ke cikin maganin tarin fuka. Kada wani ya karanta wannan ya watsar da maganinsa, shanyewar ɓarin jiki ta fi ciwon yatsa. A gaya wa likita ne kawai, domin akwai irin su losartan da amlodipine da ba su da wannan illa, shi ya san wanda zai canza da wanda zai bari.

Maganar abinci, kowa ya san lokacin da ƙafafu ke tashi a unguwa. Ranar babbar salla, kafin a taɓa tsoka, hanta ake fara gasa wa maigida, sannan a soya ƙoda da zuciya da sauran kayan ciki, a ci da rana a ci da dare, washegari a shiga suya, a bi da lemon kwalba mai sanyi. Kayan ciki su ne kan gaba wajen ƙara yurik asid, sai jan nama in an yawaita, sai kifin gwangwani irin sardin da jatan lande. Lemon kwalba ba nama ba ne, amma nau'in sukarin da ke cikinsa yana sa jiki ya ƙara samar da sinadarin, kuma zoɓon da aka cika wa sukari har cokali na tsayawa bai fi shi da komai ba. Giya, musamman biya, ita ma tana ƙara shi sosai, na faɗa ne don mai yi ya san kansa. Sai ƙishirwa. Wanda ya yini a rana cikin zafin Afrilu, ko ya kai azumi, ya buɗe baki da lemo da farfesun kayan ciki, ruwa kofi ɗaya, ya haɗa wa kansa duk abin da ciwon ke so. Tsakanin magariba da sahur a sha ruwa sosai.

Abin da ke ba ni haushi shi ne yadda ake hana masu ciwon cin wake. Talaka da wake ne namansa a ce ya bar ƙosai da alale da shinkafa da wake, ya bar alayyahu, to me zai ci? Wani babban bincike da aka buga a Amurka a 2004, wanda ya bi maza sama da 47,000 har shekara 12, ya gano nama da kayan teku suna ƙara haɗarin gawut, amma wake da ganyaye ba su ƙara ba, madara da nono marasa mai kuwa rage shi suke yi. Nonon da 'yar Fulani ta kaɗe ta cire man, wanda muke dama fura da shi, irin wanda ake nufi ke nan, in dai ba a juye masa sukari ba.

Duk da haka kada a yaudari kowa da ƙa'idar abinci. Mutum ya bar nama ya bar lemo ya rame, abin da lambar yurik asid ɗin jininsa za ta sauka galibi bai wuce wajen maki ɗaya ba. Wanda nasa ke kan 9 bai fita ba.

Yanzu ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Mai ciwon nan ba asibiti yake fara zuwa ba, yaro ake aika kemis a ce a ba da haɗin ciwon ƙafa. A ɓallo ƙwayoyi daga katinsu, ja da fari da ruwan ɗorawa da wata 'yar ƙarama, a ƙulle a leda, a ce a sha safe da yamma. Ba suna, ba a tambayi shekarun mai sha ba, ba a tambaya ko yana da olsa ko hawan jini ba. Wanda ya san magani in ya kwance ledar, abin da ya saba gani shi ne diclofenac da piroxicam ko ibuprofen, wato 'yan gida ɗaya an haɗa su biyu ko uku, ga dexamethasone ko prednisolone a kai. Yana aiki kuwa, wallahi yana aiki, kafin la'asar mutum ya taka ƙafa. Daga nan ledar ta zauna a aljihun gaban riga, da an ji ɗan motsi a yatsa a watsa.

An gudu ba a tsira ba. Waɗannan magungunan kashe zafi, in aka haɗa su aka daɗe ana sha, suna huda ciki har mutum ya yi baƙin bayan gida ko aman jini, suna tayar da hawan jini, suna cin ƙoda. 'Yar ƙaramar ƙwayar nan kuma ita ke kumbura fuska a ce mutum ya yi ƙiba, ta tayar da suga, ta raunana ƙashi. Ga mai gawut abin ya fi muni, don ƙodar da ake lalatawa ita ce mai fitar da yurik asid. Tana rauni yana ƙaruwa, tashin ciwon yana yawaita, ana ƙara shan haɗi. Ƙarshen wannan hanya injin wankin ƙoda ne, kuma duk wanda ya taɓa raka ɗan'uwa wurin ya san gona ake sayarwa.

Maganin gawut na gaskiya iri biyu ne, kuma rashin raba su ne ke wahalar da mu. Akwai na kwantar da tashin ciwo. Likita zai zaɓi ɗaya gwargwadon lafiyar cikinka da ƙodarka: ko maganin kumburi guda ɗaya irin naproxen na 'yan kwanaki, ko colchicine kaɗan, ko prednisolone na kamar kwana biyar a tsaya. Ya fi aiki in an fara a ranar farko. A ɗaga ƙafar a kan matashi, a naɗe ƙanƙara a tawul a ɗora na minti 15 zuwa 20, a bar gashi da ruwan zafi da murza da man zafi. Colchicine ba a yi masa ƙari don zafi bai tafi ba, tsakanin adadin da ke magani da wanda ke zama guba ba nisa, gudawa da amai su ne gargaɗin farko, kuma ba ya haɗuwa da wasu magunguna irin clarithromycin.

Na biyun shi ne mai sauke yurik asid ɗin kansa, kuma shi ne ba a sha. Allopurinol yana hannun likitoci tun 1966, ba shi da tsada idan aka gwada da abin da ake kashewa a haɗi. Ana ba wanda ciwon ke tasar masa sau biyu ko fiye a shekara, ko mai ƙulalan nan, ko mai tsakuwar ƙoda ko raunin ƙoda. Ana farawa da miligiram 100 ko ƙasa da haka, ana ƙarawa sannu a hankali ana auna jini, har lambar ta sauka ƙasa da 6, ko ƙasa da 360 in ɗakin gwajin da ɗaya ma'aunin yake rubutu. A lura, takardar gwaji takan nuna har wajen 7 daidai ne ga namiji. Wannan ga mai lafiya ne. Mai gawut sai ƙasa da 6 daskararren da ke gaɓarsa zai fara narkewa.

A watannin farko ciwon na iya tashi fiye da da, saboda abin da ya daskare ya fara motsi. A nan ne mutane ke cewa maganin bai karɓe su ba su jefar. Shi ya sa likitoci ke haɗa shi da ɗan colchicine na wata uku zuwa shida. Ba a dainawa don ciwo ya tashi, ba a dainawa don an ji sauƙi, kullum ne, ƙwaya sau ɗaya, da azumi ma ana iya mayar da ita sahur ko buɗa-baki. Abu guda ne ke sa a tsaya nan take a nufi asibiti: ƙuraje ko borin jini a fata, ko gyambon baki da zazzaɓi. Ba kasafai ake samu ba, amma yana iya kisa, kuma an lura baƙar fata na cikin waɗanda suka fi haɗarinsa. Wanda allopurinol bai yi masa ba akwai febuxostat.

Game da gwaji, jinin da aka ɗiba ana tsakiyar ciwo yana iya nuna lamba daidai, a sallami mutum a ce ba shi ba ne. A sake aunawa bayan mako biyu zuwa huɗu da lafawa, a haɗa da gwajin ƙoda da suga da awon hawan jini. Wanda kuma aka ga lambarsa ta hau amma bai taɓa ciwon gaɓa ba, yawanci ba a ɗora shi a kan magani, kada a tsorata shi a sayar masa da kwalabe. Sannan ba kowane kumburin yatsa ne gawut ba. Idan da zazzaɓi da rawar sanyi, ko akwai rauni a wurin, ko mutum mai suga ne, yana iya zama ƙwayar cuta ce ta shiga gaɓar, wadda ke cinye ta cikin kwanaki. Wannan a ranar ake zuwa asibiti. A manyan asibitoci ana zuƙo ruwan gaɓar da sirinji a duba a madubin likita, shi ke raba gardama.

Ni dai tun da lambata ta sauka ta zauna, ƙafar ta bar ni. Ina cin naman layya daidai misali, hantar kuwa jikoki ke shagalinsu. Telan nan ma ya koma kan kekensa bayan 'yarsa ta ja shi asibiti, inda aka gano maganin hawan jinin da yake saye da kansa yana cikin masu tayar masa da ciwon.

Roƙona gare ku, Malam Edita, ku gayyato likitan gaɓoɓi ko na ƙoda ya yi bayanin wannan ciwo a shafinku kafin babbar salla, da Hausar da mutanen karkara za su gane, ku kuma miƙa wa gidajen rediyo, tunda a can ake tallar maganin sanyi kowane iri. Hukumar NAFDAC da hukumar PCN mai ba masu kemis lasisi su dubi wannan haɗi da ake ƙullawa a leda ba suna. Masu kemis kuma, yawancinsu 'ya'yanmu ne kuma ɗalibanmu, in dattijo ya aiko neman maganin yatsa karo na biyu, su rubuta masa sunan gwajin yurik asid da na ƙoda a takarda su ce ya kai asibiti. Asibitocin da ke duba masu hawan jini su riƙa tambayar ko yatsan ƙafa ya taɓa kumbura kafin su rubuta maganin sa fitsari.

Na gode da filin da kuka ba ni. Wassalam.

Naku,
Tsohon malamin kimiyya,
Funtuwa, Jihar Katsina.